Haƙƙin Ɗan Dako da Yaron Shago: Irin Sulhun da Kasuwar Gombe Ke Bukata

Mafi yawan rigingimun da ke tashi tsakanin mai aiki da wanda ya sa shi aikin a Kasuwar Gombe ba sa kaiwa gaban alƙali, kuma da wuya su taɓa kaiwa. Ɗan dakon da aka rage wa kuɗin lodi bayan ya gama cika mota, da yaron shagon da aka sallama hannu rabbana bayan shekara takwas, da telan da ya yi wata guda yana kwana a kan keke gabanin Sallah aka ce masa sai an sayar da kaya, duk a cikin kasuwar ake yanke maganarsu, a ofishin ƙungiya ko a ƙofar shagon wani dattijo. Saboda haka muhawarar da masana shari'a suka saba yi, ko sulhu ya fi ko kotu ta fi, ba ta amfanar waɗannan bayin Allah da yawa. Sulhu shi ne shari'ar da suke da ita. Abin dubawa shi ne ko sulhun da ake yi musu yana ƙwato haƙƙi, ko kuwa rufe bakin mai rauni yake yi domin kasuwa ta zauna lafiya. Abin da nake son kafawa a nan shi ne cewa sulhu ya fi kotu dacewa da rigimar ƙwadago a kasuwa, amma da sharaɗi. Sai an sa masa ma'aunin da ba a sauka ƙasa da shi, an zaunar da wanda ba ya cin abinci a hannun kowane ɓangare, an rubuta abin da aka yanke, sannan an bar ƙofar kotu a buɗe ga wanda bai gamsu ba. In aka cire waɗannan huɗun, abin da ya rage danniya ce, ko da an rufe zaman da addu'a.

Gombe gari ne da ciniki ya gina. An dawo da hedikwatar masarautar Modibbo Buba Yero nan a 1919, layin dogo ya iso a 1963 ya buɗe wa auduga da gyaɗa hanya, a 1996 kuma garin ya zama babban birnin jihar da ke iyaka da dukkan sauran jihohi biyar na Arewa maso Gabas. Wannan matsayi ne ya sa kaya ke shigowa ta kowace kusurwa, daga atamfa da takalma da kayan masarufi a babbar kasuwa zuwa masara da wake da shinkafa da waken suya da ake lodawa a kasuwar Tudun Hatsi ana yin kudu da su. Duk wannan hada-hada a kan wuyan mutane take tafiya. Akwai 'yan dako da ke hawa katako da buhu mai kilo 100 a kafaɗa, da masu tura baro, da masu ɗinkin buhu, da mata masu sheƙa da tsince tsakuwa daga wake, da yaran shago, da 'yan koyon ɗinki da gyaran waya, da yaran mota da 'yan kamasho a tasha. Rikicin Boko Haram ya koro ɗimbin mutane daga Borno da Yobe da Adamawa zuwa Gombe, masu neman aiki suka ƙaru, kuma duk inda masu nema suka fi aikin yawa, mai biya ne ke yanka farashi. Binciken Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa na 2023 da 2024 ya nuna sama da kashi 90 cikin 100 na masu aiki a Najeriya suna cikin irin waɗannan ayyuka ne da babu takardar ɗauka, babu fansho. Ke nan maganar yaron shago magana ce ta mafi yawan ma'aikatan ƙasar nan, ko da yake ba su ne ake gani da kwalaye a ranar ma'aikata ba.

Doka ba ta mance da su gaba ɗaya ba, kamar yadda ake zato. Dokar Ƙwadago ta 1974 ta amince da yarjejeniyar baki kamar yadda ta amince da rubutacciya, don haka wanda aka ce masa "zo ka zauna mini a shago" ma'aikaci ne a idon doka. Ta wajabta wa mai ɗaukar aiki ya ba shi sharuɗɗan aikinsa a rubuce kafin wata uku su wuce. Ta hana a riƙe lada fiye da wata guda. Ta tsara sanarwar sallama gwargwadon daɗewa: kwana ɗaya ga wanda bai wuce wata uku ba, mako ɗaya har zuwa shekara biyu, mako biyu daga shekara biyu zuwa biyar, wata guda ga wanda ya kai shekara biyar ko ya zarce. Ta kuma hana maigida ya yanke kuɗin asara daga ladan ma'aikaci bisa son ransa, sai da izinin jami'in ƙwadago a rubuce. Dokar diyyar ma'aikata ta 2010 ma ta ambaci 'yan koyo da masu aikin wucin gadi a cikin waɗanda suka cancanci diyya in sun ji rauni a bakin aiki. Inda aka bar su a baya shi ne mafi ƙarancin albashi, domin naira 70,000 da aka amince da ita a 2024 ba ta hau kan wurin da ma'aikatansa ba su kai 25 ba, ko masu aikin kamasho da jinga, kuma kusan duk kasuwar haka take. Amma ko ragowar haƙƙoƙin da doka ta ba su sun isa su sauya rayuwar yaro, da a ce maigida da dattijon da zai yi musu sulhu sun san da su.

Ga wanda ya ce a tafi kotu kawai, sai a tambaye shi wace kotu, da wane kuɗi. Gyaran da aka yi wa kundin tsarin mulki a 2010 ya keɓe wa Kotun Ma'aikata ta Ƙasa shari'ar da ta shafi ƙwadago da ɗaukar aiki, a sashe na 254C. Wannan ya ɗaga darajar shari'ar ma'aikata, ya kuma samar da alƙalan da suka ƙware a kanta, amma kotu ce ta takarda, da lauya, da Turanci, da rantsattsen bayanin shaida. A ɗauka an riƙe wa yaro naira 60,000. Kuɗin lauya da na shirya takardu da na zirga-zirga za su cinye abin da yake nema tun kafin a fara sauraro, kuma duk ranar da ya je kotu rana ce da bai yi dako ba, gidansa bai ɗora tukunya ba. Ga kuma hauhawar farashi, wadda ta kai kashi 34.8 cikin 100 a Disambar 2024. A irin wannan yanayi, kuɗin da aka riƙe shekara guda ya rasa kusan rubu'in ƙarfinsa, don haka jinkiri kansa riba ce ga wanda ya riƙe. Bayan duk wannan, hujjar yaron ba ta wuce bakinsa da bakin maƙwabtan shago ba, su kuma maƙwabtan gobe da jibi za su nemi rance ko lamuni a wurin wanda ake ƙara. Ko ya yi nasara, ya rufe wa kansa ƙofar layin baki ɗaya, domin ba kowane ɗan kasuwa ne zai ɗauki yaron da aka ce ya kai maigidansa kotu ba.

Su kansu masu tsara dokokin ƙwadago sun san haka, shi ya sa suka sa sulhu a gaba, kotu a baya. Dokar Rigingimun Ƙwadago ta 1976 ta ce ɓangarorin biyu su fara da hanyar sasantawar da suka amince da ita tsakaninsu. In ta gaza, su zauna cikin kwana bakwai gaban mai shiga tsakanin da suka zaɓa tare. In wannan ma ya ci tura sai a sanar da Ministan Ƙwadago, wanda zai iya naɗa mai sasantawa, daga nan a wuce kwamitin raba gardama na ƙasa, sai a ƙarshe Kotun Ma'aikata. Dokar kotun ta 2006 ta ba alƙalanta damar ƙarfafa sasantawa a duk shari'ar da ke gabansu, a 2015 kuma, zamanin Mai Shari'a Babatunde Adejumo, kotun ta kafa cibiyarta ta sulhu, takardar kafawar ta sanya Gombe a matsayin mazaunin shiyyar Arewa maso Gabas, Kano kuma na Arewa maso Yamma. Tun 1951 Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya ta ba ƙasashe shawarar su samar da hanyar sasanta rigimar aiki wadda take kyauta kuma mai sauri. Manyan nasarorin ma'aikata ma a teburi aka same su. Naira 70,000 ta fito ne daga zaman Shugaba Tinubu da shugabannin ƙungiyoyin ƙwadago na NLC da TUC a Yulin 2024, bayan yajin aikin watan Yuni, haka nan albashin sama da naira 71,000 da gwamnatin Jihar Gombe da ƙungiyoyin ƙwadago suka sa wa hannu a Oktoban shekarar. Sai dai duk wannan tsari an gina shi ne domin ƙungiyoyi masu rajista da ma'aikatan ofis. A tsarin 2015, sai an shigar da ƙara sannan alƙali ya tura ta cibiyar sulhu, wato sai mutum ya bi ta ƙofar da ta gagare shi kafin ya isa ɗakin da aka tanadar masa.

Kasuwa ba ta jira gwamnati ba. Kowane layi yana da shugabansa, 'yan dako suna da sarkinsu, mahauta suna da Sarkin Pawa, tasha tana da reshen ƙungiyar direbobi ta NURTW, ga kuma limamin masallacin kasuwa da mai unguwa. Duba yadda ake yi in an saɓa a kan kuɗin lodi. Mai kaya ya ce buhu 280 aka loda, 'yan dako suka ce 300. Sai a kira mai awo da yaron mota da wanda ya ɗinke buhunan, a duba littafin da dillali ke sa alama, a tambayi farashin da ake biya a makon, cikin awa guda a gane inda buhu 20 suka shiga, a biya kafin motar ta ɗaga. Babu alƙalin da zai iya wannan, domin bai san nawa ake lodin buhu ba, bai san wanda ya saba ƙari ko wanda ya saba ragi ba. Ƙarfin hukuncin kuma daga mutunci yake zuwa. Wanda ya ƙi bin maganar dattawa gobe ba mai ba shi kaya bashi, ba mai sauke masa mota. Abner Cohen, wanda ya yi bincike a unguwar Sabo ta Ibadan a farkon shekarun 1960, ya nuna yadda fataucin shanu da goro na Hausawa ya tsaya a kan irin wannan tsari, bashi na yawo ba takarda, saɓani kuma ana kai shi gaban Sarkin Sabo da manyan masu gida. Tsari ne mai sauri, mai arha, da harshen da kowa ke ji, kuma yana barin mutum biyu su ci gaba da gaisawa. Duk mai son gyara sai ya fara da yarda cewa akwai abin kirki a nan da bai kamata a rushe ba.

Babbar sukar da ake yi wa wannan sulhu kuwa tana da nauyi, kuma ba daidai ba ne a kauce mata. Sulhun kasuwa ya fi yin adalci in ɓangarorin biyu ƙarfinsu ya yi kusa, kamar ɗan kasuwa da ɗan kasuwa, ko mai kaya da gungun 'yan dako da za su iya ajiye aiki. In yaro ɗaya ne gaban maigidansa, lamarin yakan sauya. A ɗauki yaron da aka kawo daga Dukku ko Kumo yana ɗan shekara 15, da alkawarin baki cewa in ya yi hankali za a sallame shi da jari. Ya yi shekara takwas yana buɗe shago da sassafe, ana ba shi kuɗin abinci da ɗinkin Sallah. Da lokacin sallama ya gabato sai aka yi lissafi, aka ce an sami giɓi. A zaman sulhu maigida yana kan kujera kusa da abokansa na shekara talatin, yaro yana durƙushe a ƙasa, kansa a sunkuye. Ba a tambayi wa ke riƙe da littafin shago ba, ko sau nawa 'ya'yan gida suka ɗebi kaya. Abin da zai ji shi ne, "Ɗana, Alhaji ubanka ne, ka ba shi haƙuri, abin da ya ba ka ka karɓa, Allah ya sa albarka." Wani lokaci ma kafin zaman an riga an kwana da shi a caji ofis, alhali dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana kama mutum saboda saɓanin yarjejeniya kawai. Yaron da ya fito daga bayan kanta zai yarda da duk abin da aka ce. Wanda ya kira wannan sulhu ya zalunci yaron sau biyu, domin an cinye guminsa, an kuma sa shi godiya.

Maganin wannan yana cikin abin da dattawan kasuwa suka riga suka yi imani da shi. Fiƙihun Malikiyya da alƙalan ƙasar nan suka daɗe suna hukunci da shi, daga Mukhtasar na Khalil zuwa Tuhfatul Hukkam na Ibn Asim, ya ware wa sulhu babi guda, kuma bai bar shi sakaka ba. Hadisin da Abu Dawuda da Tirmizi suka ruwaito ya gindaya masa sharaɗin kada ya zama hanyar halatta abin da aka haramta. Malamai sun bayyana cewa wanda ya musanta haƙƙi yana sane, aka yi sulhu a kan musunsa, abin da ya ci bai halatta gare shi ba, kuma in daga baya ya amsa, ko wata shaidar da ba a sani ba ta bayyana, wanda aka zalunta yana da ikon warware sulhun. Sun ce ɗan ƙwadagon da ke aiki a ƙarƙashin mutum amintacce ne, ba a ɗora masa asara sai an tabbatar da sakaci ko ta'addi. Sun ce in an yi aiki ba a yanka lada ba, ana biyan mai aikin ladan da aka saba ba irinsa. Kiristocin kasuwar ma suna da wannan a Littafin Firistoci da wasiƙar Yakubu, inda aka yi kashedi mai tsanani a kan riƙe ladan ma'aikaci. In aka haɗa waɗannan da Dokar Ƙwadago, ma'auni ya fito fili. Ana iya sasantawa a kan lokacin biya, ko a biya kashi-kashi, ko a ba da kaya maimakon kuɗi in mai haƙƙi ya so, ko a raba asarar da aka kasa gano tushenta. Ladan aikin da aka riga aka yi kuwa bashi ne, mai shi kaɗai ke da ikon yafewa, kuma yafiyar da aka karɓa daga mai jin tsoro ba yafiya ba ce.

Suka ta biyu ita ce sulhu ba shi da haƙori, a yi alkawari a tashi, a ƙi cikawa. Najeriya tana da babban misali a kan haka. Yarjejeniyar da gwamnatin tarayya ta ƙulla da ƙungiyar malaman jami'o'i, ASUU, a 2009 ita ce tushen yajin aikin da ya rufe jami'o'i daga 14 ga Fabrairu zuwa 14 ga Oktoban 2022, wata takwas cur ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Kashere da takwarorinsu suna zaune a gida. Amma a lura da abin da ya biyo baya. Kotun Ma'aikata ta ba da umarnin komawa aiki a ranar 21 ga Satumba, Kakakin Majalisar Wakilai na lokacin, Femi Gbajabiamila, ya shiga tsakani, aka koma aji, amma ainihin saɓanin bai mutu ba. Umarnin kotu na iya buɗe ƙofar aji ko shago, ba ya dawo da yarda. Darasin shi ne a ɗaure sulhu yadda saɓa shi zai yi tsada. A Kotun Ma'aikata, in aka sasanta aka shigar da sharuɗɗan, suna zama hukuncin kotu da za a iya zartarwa. A kasuwa ma ana iya kusantar haka da abu mai sauƙi: takarda guda da Hausa, boko ko ajami, mai ɗauke da adadin kuɗi, da ranar biya, da sa hannu ko dangwalen ɓangarorin biyu da shaidu biyu, kowa ya riƙe kofe, ƙungiya ta ajiye nata. Wanda ya saɓa, ƙungiya ta hukunta shi da abin da take da shi, in ya ƙi, takardar ta zama hujjar da lauyan Hukumar Tallafin Shari'a zai iya riƙewa ya shiga kotu, maimakon ya ce, na ce.

Masu gida su ma suna da tasu magana, kuma ya kamata a saurare ta da adalci. Za su ce idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Akwai yaran da suka karya iyayen gidansu, suka buɗe shago a ɓoye da kayan mutane, akwai 'yan dakon da ke huda buhu, akwai telan da ya karɓi kuɗin ɗinki ya ɓace ana gobe Sallah. Za su ƙara da cewa dangantakar maigida da yaro ta wuce lissafin lada, domin maigida ne ke kai yaro asibiti, shi ke yi masa aure, kuma shigo da takarda tsakaninsu tamkar cewa ne babu amana. Kashin farko na maganar gaskiya ne, kuma shi ne ma dalilin da ya sa ma'auni zai amfani maigida. Fiƙihun da ya kare yaron shago shi ne ya ɗora wa masu sana'ar hannu irin su tela, da masu dakon abinci, lamunin kayan da ya salwanta a hannunsu ba tare da shaida ba. Maigidan da ke yin lissafi duk wata uku gaban shaida, yaro ya sa hannu, ya fi ƙarfin hujja a ranar da aka ci amanarsa fiye da wanda ya bari sai bayan shekara takwas. Kashi na biyu kuwa bai tsaya ba. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa masa shaidu ta sauka, kuma ga mutanen da suka fi mu amana. Rubutu yana tsare alheri daga mantuwa, da mutuwa, da magada. Sau da yawa wanda ya yi wa yaro alkawarin sallama da zuciya ɗaya yakan rasu kafin lokaci, 'ya'yansa su ce ba su san zancen ba.

Akwai kuma abubuwan da bai kamata a rufe su a zauren sulhu ba ko da kowa ya yarda. Ɗan dakon da ya faɗo daga kan tirela ya karya ƙugu bukatarsa ta wuce kuɗin ɗori da buhun masara guda, domin ƙarfin da yake ci da iyalinsa da shi ne ya tafi, kuma dokar diyya ta 2010 domin irinsa aka yi ta. Dukan yaro, da lalata da yarinya mai talla ko mai aikin gidan abinci, da ɗora wa ƙaramin yaro kayan da zai nakasa shi, laifuffuka ne da jama'a duka ke da haƙƙi a kansu, rufin asiri a nan taimakon mai laifi ne ya sake. Wannan ne ya sa mai son sulhu na gaskiya ba ya gaba da kotu. Mai ƙarfi ba ya zama teburi da niyyar biya sai ya san in ya tashi akwai inda za a kai shi. Ƙasashen da suka ci ribar sulhu haka suka tsara. A Birtaniya, tun 2014 ba a shigar da ƙarar aiki sai an fara sanar da hukumar sasantawa ta ACAS, amma kotun tana nan tana jira. A Afirka ta Kudu, hukumar CCMA da ta fara aiki a 1996 tana karɓar ƙorafin mai aikin gida da na gona kyauta, wanda aka kora yana da kwana 30 ya kai kuka, kuma ba a barin lauya ya tsaya wa kowa a zaman sasantawa, domin kada mai kuɗi ya rinjayi mara shi da iya magana. In zaman ya gaza, ana wucewa mataki na gaba.

Abin da Kasuwar Gombe ke bukata bai fi ƙarfinta ba. Ƙungiyar 'yan kasuwa, da goyon bayan fadar Mai Martaba Sarkin Gombe da ƙaramar hukuma, tana iya tsayar da zauren sulhun ƙwadago mai rana sananniya a mako, a zaunar da wakilin masu gida, da wakilin da 'yan dako da yaran shago suka zaɓa da kansu, da mace saboda mata masu aiki, da mutum guda daga wajen kasuwa, malami ko tsohon alƙali, wanda ba ya bin kowa bashi kuma ba a binsa. Duk mai hulɗar ciniki da ɗaya daga cikin masu saɓani ya tashi daga zaman. Mai ƙorafi ya zauna a kan abin da maigidansa ya zauna, ya zo da wanda zai taya shi magana, a kuma gaya masa tun farko cewa yana da ikon ƙin abin da aka yanke ba tare da an hana shi aiki a kasuwa ba. Duk yaron da za a ɗauka daga yau, a faɗi ladansa ko shekarun zamansa da abin sallamarsa gaban waliyyinsa da shaidu biyu, a rubuta, in rubutu ya yi wuya a naɗi muryoyinsu a waya. Ofishin Ma'aikatar Ƙwadago ta Tarayya da ke jihar, da Hukumar Sauraren Koke-koken Jama'a, da masu sasantawa na Kotun Ma'aikata, su riƙa shigowa kasuwa lokaci-lokaci suna koyar da dattawan zauren abin da doka ta ce, suna karɓar abin da ya gagara. NLC ma lokaci ya yi da za ta ɗauki waɗannan a matsayin ma'aikata, tun da su ne mafi yawa.

Za a ce wannan zai rage wa manyan kasuwa iko, kuma haka ne, zai rage musu ikon yanke magana ba tare da an tambaye su hujja ba. Amma zai ƙara wa hukuncinsu daraja, domin yaron da ya ga an ƙwato wa ɗan'uwansa haƙƙi daga hannun attajiri zai kawo kukansa zaure maimakon ya biya kansa da kansa daga aljihun shago, kuma maigidan da ya san za a saurare shi da hujja ba zai ruga caji ofis ba. Yawancin satar da ake kuka da ita a shaguna da yawancin zaluncin da yara ke kuka da shi tushensu ɗaya ne, wato kowa yana tsoron ranar rabuwa domin bai san abin da zai fita da shi ba. Sulhu mai ma'auni yana cire wannan tsoro tun ranar ɗauka. Ba ya bukatar sabuwar doka daga Abuja ko kasafin kuɗi daga gidan gwamnati. Shugabannin layi guda a babbar kasuwa ko a Tudun Hatsi suna iya fara shi a wannan watan, kuma alhakin duk yaron da aka sallama ba haƙƙi kafin su fara yana wuyan waɗanda suke da ikon gyarawa suka jinkirta.